Pola Negri: wai da gaske murya ce ta kayar da ita a Hollywood?

Duk sanda aka ɗauko zancen taurarin finafinan da, irin waɗanda ba a jin magana a ciki sai dai ka ga baki na motsi can rubutu ya fito a jikin allo, amsa ɗaya ake bayarwa in an tambayi inda suka shige: wai fim mai magana ne ya zo ya kore su. Haka ake yawan faɗa a kan Pola Negri, 'yar ƙasar Polan ɗin nan da ita ce tauraruwa ta farko da Amurka ta ɗauko takanas daga cikin Turai ta ba ta kwantiragi. Wai Turancinta ne da nauyi, da aka kunna makirfo sai asiri ya tonu. Ni dai wannan magana ba ta shige ni ba, don in ka jera shekarun a gabanka za ka ga matar nan ta riga ta bar kamfanin Paramount tun 1928, kuma ba ta buɗe baki a fim ba sai 1932. To me ya faru a tsakani? Sai mun koma baya tukuna.

Sunanta na yanka Apolonia Chałupec, an haife ta 3 ga Janairun 1897 a wani ɗan gari da ake kira Lipno, duk da ita da bakinta ta riƙa rage shekarun daga baya kamar yadda 'yan fim suka saba. A lokacin ma babu wata ƙasa wai ita Polan a taswira, tun 1795 Rasha da Farusiya (wata daular Jamusawa) da Ostiriya suka yi kashin dankali da ita kowa ya ɗebi rabonsa, Lipno kuwa sanda aka haife ta tana ɓangaren Rasha. Babanta ɗan asalin Silobakiya ne, sana'arsa ƙera kayan kwano da gwangwani, hukumar Rasha ta kama shi bisa zargin yana cikin masu neman tayar mata da ƙayar baya, shikenan gida ya watse. Uwar, Eleonora, ta tattara 'yarta suka nufi Warsaw ta kama aikin girki don su samu na sawa a baka. Talauci na gaske, ba irin wanda taurari ke ƙirƙira wa kansu don labari ya yi daɗi ba.

Rawa ta fara koya, rawar bale, a makarantar gwamnati da ke Warsaw, kuma da alama tana da baiwar abin. Sai tarin fuka ya kama ta, aka tura ta jinya Zakopane can kan tsaunuka inda iska ke da kyau, rawa kuwa ta ƙare daga nan. A wurin jinyar ne ta zaɓi sunan da duniya ta san ta da shi, Pola daga Apolonia, Negri kuma ta aro daga wata marubuciyar waƙoƙi 'yar Italiya mai suna Ada Negri da take son karantawa. Da ta warke ta shiga makarantar wasan kwaikwayo, a 1912 ta hau dandali tana 'yar shekara 15.

Kar a raina wannan rawar da ta bari fa, don ita ce jarin da ta ci har tsufa. A fim ɗin da babu magana jikinka ne bakinka, yadda za ka juya wuya, yadda za ka faɗi ƙasa, yadda za ka tsallaka ɗaki, kuma Pola ta iya wannan tun kafin ta ga kyamara.

Harkar fim a Warsaw a lokacin kusan a hannun mutum ɗaya take, Aleksander Hertz mai kamfanin Sfinks. Shi ya fito da ita a fim ɗinta na farko a ƙarshen 1914, ana tsakiyar yaƙin duniya na ɗaya, daga nan ta yi masa wasu da dama har zuwa 1917, yawancinsu labari iri ɗaya ne, mace mai kyau da ke sa maza su rasa hankalinsu sannan ƙarshenta ya yi muni. Abin takaici duk finafinan da ta yi a ƙasarta sun salwanta, guda ɗaya tak ya tsira, Bestia na 1917, shi ma don an kai kwafinsa Amurka ne aka nuna a can. A cikinsa ta fito a 'yar ƙauye da ta gudu daga gida ta zama mai rawa a gidan shaƙatawa, kuma ko a wannan tsohon kwafin mai dishi-dishi kana ganin yadda take cika allo, sauran 'yan wasan suna ta wurga hannu irin na dandali ita kuwa da ido kawai take aiki.

Yaƙin da ya hana kowa sakat shi ya buɗe mata hanya. A watan Agustan 1915 sojojin Jamus suka karɓe Warsaw daga hannun Rasha, sai ya zama hanyar Berlin ta buɗe. Ta taɓa fitowa a wani wasan dandali da babu magana a cikinsa mai suna Sumurun a Warsaw, wasan kuwa asali na Max Reinhardt ne, babban daraktan dandali na Jamus, to a 1917 aka gayyace ta Berlin ta maimaita rawar da ta taka. Ka lura da dabarar, yarinyar da ba ta iya Jamusanci sosai ba amma wasan ba ya buƙatar ta ce uffan.

A Berlin ta haɗu da Ernst Lubitsch, kuma nan ne komai ya canza. Lubitsch a lokacin an fi saninsa da gajerun finafinan barkwanci, ita kuma baƙuwa ce da ta yi 'yan finafinai da wani ƙaramin kamfani, suka haɗu ƙarƙashin Paul Davidson wanda kamfaninsa ya shiga inuwar UFA, ƙaton kamfanin da aka kafa a ƙarshen 1917. Sun yi fim biyu a 1918, cikinsu har da Carmen, sannan a 1919 suka yi Madame DuBarry, labarin 'yar talakan da ta zama daduron sarkin Faransa Louis na 15 har juyin juya hali ya zo aka sare mata kai. Emil Jannings ne ya fito a sarkin. Da wannan fim aka buɗe katafaren sinimar UFA ta Berlin a watan Satumbar 1919.

Abin da Lubitsch ya gane game da ita, wanda Amurkawa suka kasa ganewa daga baya, shi ne ba kyawunta ne kasuwar ba. Ya bar ta ta yi gumi, gashi ya hargitse, ta ci abinci da hannu, ta yi dariya da dukkan haƙora, a ƙarshen DuBarry kuwa ba ta tafi wurin yanka cikin natsuwa irin ta jarumai ba, turjewa take tana roƙo ana jan ta. Masu kallo ba su saba ganin mace haka a allo ba.

A wannan tsakanin ta yi aurenta na farko da wani hafsan soja mai sarauta, Eugeniusz Dąmbski, a Sosnowiec a 1919. Auren bai je ko'ina ba, ya mutu a 1922.

Yanzu ga inda Amurka ta shigo. Bayan yaƙi Amurkawa ba sa son jin komai na Jamus, fim ɗin Jamus ba ya shiga sinimominsu, to sai kamfanin First National ya sayi DuBarry, ya canza masa suna zuwa Passion, a talla kuma aka yi ta kauce wa ambaton Jamus ana tura sunan jarumar gaba tunda ita 'yar Polan ce. Wato zamanta 'yar Polan shi ya zama fasfon fim ɗin. Aka saka shi a sinimar Capitol ta New York a watan Disambar 1920, jama'a suka yi dafifi har abin ya ba masu sinimar mamaki, daga nan ƙofa ta buɗe wa sauran finafinan Jamus. Su kuwa manyan Hollywood lissafinsu mai sauƙi ne, maimakon ka tsaya gasa da mutum gara ka saye shi. Paramount ta su Adolph Zukor da Jesse Lasky ta ba ta kwantiragi, ta sauka New York a watan Satumbar 1922. Bayanta ne taurarin Turai irin su Greta Garbo da Vilma Bánky da shi kansa Jannings suka biyo sahu.

Matsala ta farko daga nan ta faro, kuma laifin kamfani ne. Sun sayi mace saboda zafinta sannan suka ce ta huce. A shekarar da ta iso ne aka naɗa Will Hays ya riƙa sa ido kan tarbiyya a finafinai saboda abin kunyar da ya yi ta fitowa daga Hollywood, jihohi da dama kuma suna da nasu hukumomin tace fim masu almakashi a hannu, to duk labarin da aka ba ta sai an wanke shi an sake wankewa. Finafinanta na farko a 1923, Bella Donna da The Cheat, an lulluɓe ta da tufafi masu tsada da hoda da haske mai laushi, ta koma kamar 'yar tsana, masu sharhi a jaridu suka ce ina matar da muka gani a Passion? Ba wai ba ta yi masu kyau ba a can, ta yi, wanda ta sake yi da Lubitsch a 1924 ya yi kyau, Hotel Imperial da Barbed Wire na 1927 su ma haka, har yau masana suna yaba su. Amma mutanen ƙananan garuruwan Amurka, waɗanda su ne ke sayen tikiti mako-mako, ba su taɓa ɗaukar ta tasu ba. A manyan birane da Turai ne kasuwarta take.

Da fim ya kasa sayar da ita sai sashen talla ya koma sayar da rayuwarta, ita ma kuma gaskiya ta ba da haɗin kai da hannu bibbiyu. Labarin gabarta da Gloria Swanson, wata babbar tauraruwar Paramount, wanda yawancinsa ƙulli ne na 'yan talla. Jan farce a yatsun ƙafa da ake cewa ita ta yayata shi. Ƙaton gida a Beverly Hills. Sai soyayya da Charlie Chaplin, da suka fara haɗuwa a Berlin a 1921, aka sanar da baikonsu a farkon 1923, aka yi ta ɓatawa ana shiryawa a shafukan jaridu har abin ya watse cikin shekarar. Duk wannan ya koya wa jama'a abu guda, cewa duk abin da Pola ta yi a bainar jama'a wasa ne. Wannan darasin kuwa shi ya dawo ya cije ta.

Ranar 23 ga Agustan 1926 jarumin fim Rudolph Valentino ya mutu a wani asibiti a New York yana da shekara 31, bayan tiyatar gyambon ciki da ta rikice. Valentino fa a lokacin babu namijin da mata ke hauka a kansa kamarsa. Shi da Pola suna tare a watannin ƙarshe na rayuwarsa, wannan ba ƙarya ba ne, an sha ganinsu. Tana California tana ɗaukar Hotel Imperial labari ya iske ta, ta hau jirgin ƙasa ta tsallaka Amurka gaba ɗaya, a tashoshi 'yan jarida na jira. Ta iso cikin baƙaƙen kaya masu tsada, a wurin da aka ajiye gawar, inda dubban mutane suka cika titi har 'yan sanda kan dawakai suka shiga tsakani, ta yanke jiki ta faɗi a gaban akwatin, kuma ba sau ɗaya ta suma ba a kwanakin nan. Ta aiko da wani ƙaton shimfiɗin jajayen furanni, a tsakiya an jera farare sun rubuta POLA. Ba sunan mamacin ba fa, nata. Ta kuma shaida wa 'yan jarida cewa sun yi alkawarin aure, maganar da shi bai taɓa tabbatarwa a fili ba kafin ya mutu. Sannan ta raka gawar a jirgin ƙasa har California.

Ko kukan gaske ne ko na wasa, Allah kaɗai ya san zuciya. A nawa ganin duka biyun ne, mace ce da tun tana shekara 15 ba ta san wata hanyar nuna abin da ke ranta ba sai ta dandali, kuma daga inda ta fito ba abin kunya ba ne mace ta yi kururuwa a wurin mutuwa. Amma Amurkawa ba su ga haka ba, jaridu suka yi mata ca, aka ce ta mayar da jana'iza wurin talla. Da ma an riga an koya musu kar su yarda da hawayenta.

Da ta tsaya a nan wataƙila da ƙurar ta lafa. Ina! Ko wata tara ba a cika ba, a watan Mayun 1927, sai ga ta ta ɗaura aure a gidanta na Seraincourt kusa da Paris da wani Serge Mdivani, ɗan ƙasar Jojiya da ke kiran kansa yarima. Su Mdivani ɗin nan 'yan gida ɗaya ne da suka yi suna wajen auren mata masu kuɗi, ɗan'uwansa David ya riga ya auri wata tauraruwar, Mae Murray, ita ma ƙarshenta tsiya ya bar ta. Masoyan Valentino suka ce to ga shi nan, matar da ke suma jiya ita ce amarya yau. Kasuwar finafinanta a Amurka ta ja baya, kuma ka tuna fim mai magana na farko da ya girgiza Hollywood, The Jazz Singer, bai fito ba sai Oktoban 1927. Wato kafin makirfo ya iso an riga an yi mata illa. Ta ƙarasa finafinan da suka rage mata a 1928, duka marasa magana, kwantiragi ya ƙare ba a sabunta ba, ta koma Faransa da niyyar zama matar aure. Ta samu ciki ya zube. A 1929 kasuwar hannun jari ta New York ta karye ta tafi da mafi yawan dukiyarta, yariman kuwa da ya ga rijiya ta ƙafe sai ya kama gabansa, aka raba auren a 1931.

Ga hujjar da ta fi ƙarfi a wurina kan cewa ba harshe ba ne. Garbo ta yi fim ɗinta mai magana na farko a 1930 da Turancinta mai nauyin Suwidin, aka yi ta rububinsa. A wannan shekarar dai ita Paramount ɗin da ta rabu da Pola ta ɗauko Marlene Dietrich daga Berlin, da lafazinta na Jamusanci ƙarara, ta ba ta gurbin baƙuwar mace mai hatsari, wato ainihin kujerar da Pola ta tashi a kai. Ke nan ba baƙon lafazi suka ƙi ba, sabuwar fuska suke so wadda ba ta da jana'iza a bayanta. Ita kanta Pola da ta dawo ta yi fim mai magana da kamfanin RKO a 1932, A Woman Commands, fim ɗin bai yi kasuwa ba don labarinsa ba shi da kan gado, amma waƙar da ta rera a ciki, Paradise, ta karɓu sosai har ta yi yawon dandali tana rera ta. Muryar da aka ce ita ta kashe ta, ita ce kaɗai abin da ya tsira daga fim ɗin.

Sauran labarin akwai wurin da ba shi da daɗin faɗi. Kuɗi sun ƙare, bashi ya taru, sai ga tayi daga Jamus, Jamus ɗin da yanzu ke hannun 'yan Nazi, wadda Lubitsch da Reinhardt da sauran Yahudawan da suka ɗaga ta ba su da wurin zama a cikinta. Ta karɓa. A 1935 ta fito a Mazurka na darakta Willi Forst, a matsayin uwa mawaƙiya da ta harbe wani mutum don ta kare 'yarta, kuma da yawa suna ganin shi ne mafi kyawun aikinta mai magana. Amurkawa ba su samu ganinsa yadda ya kamata ba, don kamfanin Warner sun sayi haƙƙinsa suka sake yin nasu a 1937 da Kay Francis. Akwai lokacin da ma'aikatar Goebbels, ministan farfagandar Hitler, ta so hana ta aiki bisa zargin tana da jinin Yahudawa, aka janye, kuma an san Hitler yana son Mazurka ƙwarai. Daga nan wata mujallar Faransa mai suna Pour Vous ta buga cewa wai tana soyayya da shi, ta kai su kotu ta yi nasara. Ƙarya ce, amma zaman da ta yi tana fim a can har 1938 ba ƙarya ba ne. Finafinan ba na farfaganda ba ne, na soyayya ne da kuka, sai dai Dietrich ma an yi mata tayin ta dawo da kuɗi masu yawa ta ce a'a. Pola ba ta ce ba, kuma shekara guda bayan fim ɗinta na ƙarshe a can sojojin ƙasar suka afka wa Polan. A nan kam ban ga uzurin da zan ba ta ba in ban da talaucin da ta sani tun tana yarinya kuma take gudun komawa cikinsa.

Yaƙin duniya na biyu ya same ta a kudancin Faransa, a 1941 ta bi ta Fotugal ta koma Amurka kusan hannu rabbana. Ta yi wani fim na barkwanci a 1943, daga nan shiru. Wadda ta rufa mata asiri wata ƙawarta ce, Margaret West, 'yar gidan masu arzikin mai daga Texas, suka zauna tare, ta karɓi takardar zama 'yar Amurka a 1951, a 1957 suka koma San Antonio. West ta rasu a 1963. Shekara guda bayan haka kamfanin Disney ya lallashe ta ta fito a The Moon-Spinners, 'yar gajeriyar fitowa a matsayin attajira mai tara lu'ulu'u, da damisa irin mai gudun nan zaune a gefenta, wai ita ta ce kyanwa ta yi mata kaɗan. Shi ne fim ɗinta na ƙarshe. Ta fitar da littafin tarihin rayuwarta a 1970, wanda masu bincike ke karantawa da taka-tsantsan don ta ƙawata abubuwa da yawa.

Ta rasu 1 ga Agustan 1987 a San Antonio tana da shekara 90, ciwon huhu ne ya ƙarasa ta bayan ta ƙi yarda a yi mata maganin ƙarin da ke ƙwaƙwalwarta. An binne ta a maƙabartar Calvary ta Los Angeles kusa da mahaifiyarta, kaso mai tsoka na abin da ta bari kuma, har da kwafin wasu finafinanta, ta yi wasiyya a ba jami'ar St. Mary's da ke San Antonio.